Darasi na 18: Masaƙan lokaci

Yara, darasinmu na yau kashi biyu ne. Kashi na farko ƙagaggen labari ne. Ba a taɓa yin waɗannan masaƙa ba, ba a kuma taɓa saƙa irin zannuwansu ba. Allah kaɗai ne mai juya dare da rana. Kashi na biyu kuwa gaskiya ne, yana magana bisa sana'ar saƙa. Ku karanta a natse, ku nemo inda labarin da gaskiya suka haɗu.

I. LABARI

A zamanin da, wai akwai wasu masaƙa 7 waɗanda ba su da gari. Kullum suna bisa hanya, su da jakunansu. Babbansu tsoho ne mai furfura, shi ne sarkin masaƙa. Ƙaraminsu yaro ne, aikinsa naɗa zare a kwarkwaro. In sun iso gari, sai su nemi inuwar tsamiya, su kafa itatuwan saƙa. Ba su wuce kwana 7 wuri ɗaya. In sun tashi, ba su barin komi sai ramu huɗu-huɗu a ƙasa, da sawun kunkuru.

Zannuwansu ba irin na kowa ba ne, don suna taɓa lokaci. Akwai shuɗi, mai jan rana ta yi tsawo. Akwai fari, mai naɗe kwanaki su wuce kamar ƙiftawar ido. Masaƙan suna da doka biyu. Ta farko, ba su saƙa wa mutum zane sai da zaren gidansu. Ta biyu, ba su ba mutum zane sai sun gaya masa abin da zai biyo baya.

Wata shekara suka sauka a wani babban birni. Wani attajiri ya ji labarinsu, ya zo da barorinsa ɗauke da zare. Ya ce da sarkin masaƙa: "Baba, rana ta yi mini kaɗan. Kafin in gama ciniki dare ya yi. Ku saƙa mini shuɗin zane, ranata ta ninka ta kowa."

Tsoho ya ce: "Maigida, mu ba mu yin lokaci. Kwashe shi muke yi daga wani wuri mu kai wani wuri, kamar yadda ake kwashe zare daga mazari zuwa kwarkwaro. Abin da aka ƙara maka, daga cikin gidanka za a rage shi."

Attajiri ya ce: "Gidana cike yake da mutane. A rage."

Aka saƙa, ya yafa. Ranarsa ta yi tsawo. Ya saya, ya sayar, ya ƙirga kuɗi, ya sake ƙirgawa, rana ba ta faɗi ba. Amma a cikin gida abin ya sake. Mai jan ruwa bai cika tulu 3 ba sai ya ji kiran magariba. Mata ba su gama daka ba dare ya yi. Raƙuma suka kwana da ƙishirwa, yara suka kwana da yunwa. Kafin wata ya ƙare, barori sun watse, dabbobi sun rame. Attajiri yana da kuɗi jaka-jaka, amma ba mai kawo masa ko furar sha. Da hannunsa ya tuɓe zanen, ya jefa shi a wuta.

Masaƙa kuwa sun riga sun yi nisa. Da farkon damana suka iso wani ƙauye. Shekarar da ta wuce ruwa bai yi ba, rumbuna duk wayam. An yi shuka, hatsi ya tsiro, amma saura wata 3 kafin kaka. Yara suna kuka, manya suna cin tafasa.

Maigari ya tara dattijai, suka tafi gindin tsamiya. Ya ce: "Sarkin masaƙa, ka ga halin da muke ciki. Ku saƙa mana farin zane babba, wanda zai rufe gari duka. Mu kwanta yau, mu tashi da kaka."

Tsoho ya ce: "Ranka ya daɗe, zanen zai raba ku da yunwa, wannan gaskiya ne. Amma kwanakin da kuka tsallake za su wuce babu kome cikinsu. Kuma kwanakin da mai su ya yar, wani ne zai tsinta."

Yunwa ba ta jin shawara. Kowane gida ya kawo zare, aka saƙa sawaye, aka ɗinke su. Da dare mutane suka taru a dandali, suka shiga ƙarƙashin zane. Wata tsohuwa ce kaɗai ta ƙi, ita da jikanyarta. Ta ce: "Ni gonata ba ta san barci ba."

Watannin nan 3 sun yi wa tsohuwa da yarinya wuya ƙwarai. Da safe su tafi gona su yi noma. Da rana su tsinko tafasa da rama su dafa. Da dare tsohuwa ta zauna da mazarinta tana kaɗi, yarinya tana yi mata shiɓa. Suka yi noman fari, suka yi maimai. Da hatsi ya fid da kai, yarinya ta hau rumfa tana korar tsuntsaye.

Ran nan mutanen gari suka farka. Iskar kaka tana busawa, ba wanda ya ji yunwa. Suka yi guɗa, suka ruga gonaki da dauke-dauken igiyar ɗaurin dami. Da isarsu sai kowa ya yi tsit. Ciyawa ta fi hatsi tsawo. Ƙuduji ya cika kunyoyi. Ɗan abin da ya nuna, tsuntsaye da awaki sun cinye. A nan maigari ya tuna da maganar tsoho. Kwanakin da suka yar, ciyawa da tsuntsaye ne suka tsinta.

Gonar tsohuwa kaɗai ta yi kyau. Ƴar ƙarama ce, amma ta ba da dami 20. Daga cikinsa aka samu irin da gari duka ya shuka baɗi.

Bayan shekara 2 tsohuwa ta rasu. Yarinya ta yi kuka har idonta ya kumbura. Ran nan ta kwashe zaren da kakarta ta bari, ta ƙulle a tsumma, ta shiga hanya. Kowane gari ta isa, sai ta duba gindin tsamiya. In ta ga ramu huɗu-huɗu da sawun kunkuru, sai ta san ta nan suka bi. A gari na 9 ta same su.

Ta durƙusa, ta gai da sarkin masaƙa. Ta ce: "Baba, ku saƙa mini zanen da zai mai da ni jiya. Ina son in ga kakata."

Tsoho ya yi shiru. Can ya ce: "Ɗiyata, wannan zane ba mu da shi. Ba masaƙin da ke da shi. Amma kawo zaren."

Shi da kansa ya yi wadari, ya zauna ya saƙa. Kwana 4 ƙoshiya tana kai da komo. Da aka ɗinke sawaye, sai ga zane fari, ba ado. Ya miƙa mata, ya ce: "Shafa shi da yatsunki, ki gaya mini abin da kika ji."

Yarinya ta shafa. Ta ce: "Nan zaren siriri ne, sumul. Wannan na rani ne, lokacin tana da ƙarfi, tana kaɗi tana yi mini tatsuniya. Nan kuma ya yi kauri, ya yi ƙulli-ƙulli. Wannan na damanar yunwa ne, hannunta yana rawa. Nan ga inda ya tsinke aka ƙulla. Ni ce na fizge mazarin ina wasa, ta yi mini faɗa." Sai ta yi dariya, hawaye yana zuba. Ta ɗaura zanen, ta yi godiya, ta koma gida.

Da ta tafi, yaro mai naɗa kwarkwaro ya ce: "Baba, wane asiri ka sa a wannan zane? Ban ga ka sa komi ba."

Tsoho ya ce: "Ban sa komi ba. Kowane zane haka yake. Kwanakin waɗanda suka yi shi suna cikinsa. Cikin zannuwanmu duka, shi kaɗai ne bai cuci kowa ba."

Suka cire itatuwansu, suka ɗaura wa jakuna kaya, suka kama hanya.

II. ABIN DA YAKE GASKIYA

Masaƙa masu yawo

Masaƙan labarin ƙagaggu ne, amma yawon masaƙa gaskiya ne. Kayan saƙar maza ba su da nauyi. Itatuwa ne ƴan kaɗan, da allira, da ƙoshiya, da kwarkwaro. Masaƙi yana iya naɗe su duka ya ɗauka. Dutsen da ake ɗora wa kunkuru kuwa ana samunsa ko'ina. Saboda haka masaƙa da yawa manoma ne da damana, da rani su tafi ci-rani da kayansu. A ƙasar Zabarma, mai aurar da ɗiya yakan kira masaƙi gida, ya ciyar da shi har ya gama bargon aure, wanda ake kira tera-tera. A Masina, cikin ƙasar Mali, masaƙan Fulani sukan sauka gidan mai aiki su saƙa masa barguna na gashin tumaki. A garuruwan Hausa kuma masu sana'a suna da shugabanni: sarkin masaƙa, sarkin maƙera, sarkin fawa, sarkin aska.

Kwanakin da ke cikin zane

Ku duba hanyar da zane yake bi kafin a ɗaura shi. Manomi ya shuka auduga. A ƙasarmu an daɗe ana nomanta a fadamun Majiya, da Gulbin Maraɗi, da ƙasar Gaya. Daga shuka zuwa tsinka wata 5 ne ko 6. Sai mata su gurje ta a magurji, su raba ta da gurya. Su yi shiɓa da masaɓi. Sannan su yi kaɗi da mazari, suna shafa alli a yatsu. Kaɗi ya fi saƙa cin lokaci nesa ba kusa ba: zaren da masaƙi zai cinye cikin ƴan kwanaki, mace takan yi makonni tana kaɗa shi. In ana son baƙi ko shuɗi, sai a kai marina a tsoma a ruwan baba. Masaƙi ya yi wadari, ya saƙa dogon sawu. A yanka shi, maɗinki ya haɗa sawaye gefe da gefe. Kun ga zane ɗaya ya ratsa hannu da yawa, ya ci damana da rani.

Mutanen da sun san darajar wannan wahala. A Barno har ciniki aka yi da sawayen auduga a maimakon kuɗi. Sunansu gabaga.

Zane yakan daɗe fiye da mai shi

A duwatsun Bandiyagara, cikin Mali, akwai koguna inda wasu mutane da ake kira Telem suke ajiye matattunsu. Wurin busasshe ne, ruwa bai shiga. Masu bincike sun samu riguna, da huluna, da barguna a ciki, wasu tun na ƙarni na 11 da na 12. Da sawaye aka ɗinka su, wasu fari da shuɗi, kamar namu na yau. Sunayen masaƙan sun ɓace, amma aikin hannunsu ya yi shekara wajen 900 yana nan.

Wani matafiyi Bajamushe, Hainrik Bart, wanda ya kira kansa Abdulkarim, ya zo Agadas a 1850. A 1851 ya bi ta Tasawa ya isa Kano. Ya rubuta cewa tufafin da ake saƙawa, ake rinawa a ƙasar Kano suna kai wa Murzuk, da Gat, da Tarabulus, da Tumbutu. Garin Kura, kusa da Kano, ya yi suna wajen turkuɗi, baƙin rawani mai walƙiya da Abzinawa suke naɗawa. Sawunsa bai wuce faɗin yatsa ba. Ku yi tunanin yawan kwanakin da ke cikin rawani ɗaya.

Injin sauri

Shuɗin zanen attajiri ma yana da ɗan'uwa a duniya. A Ingila, a 1733, wani mutum mai suna Jon Kay ya ƙago ƙoshiya mai gudu da kanta in an fizgi igiya. Saƙa ta yi sauri har zare ya kasa. Wajen 1764 wani kuma, Jems Hargiribs, ya ƙago injin kaɗi mai mazari 8, mutum ɗaya ke juya shi. Daga baya aka haɗa injuna da ƙarfin ruwa da na tururi. Tufafi suka yi arha, talaka ya samu sutura. Wannan alheri ne babba.

Amma wa ya biya? Yawancin audugar da injunan Ingila suke ci, bayi ne baƙar fata suke noma ta a kudancin Amurka, har aka hana bauta can a 1865. A cikin masana'antu kuma ƙananan yara suna aiki awa 12 ko fiye a yini. Sai a 1833 aka yi dokar da ta sa masu duba masana'antu, ta hana ɗaukar yaron da bai kai shekara 9 ba a masaƙun auduga. Masaƙan hannu da yawa suka rasa abin yi, a Ingila da Indiya. Mu ma da akoko da atamfa suka cika kasuwanninmu, mata da yawa suka ajiye mazari, masaƙa suka ragu.

Duk da haka sana'ar ba ta mutu ba. Har yanzu ana saƙa gwado, da luru, da saƙi, da tera-tera. A gidan tarihi na ƙasa da ke Yamai, wanda aka buɗe a 1959, an ware wuri don masu sana'ar hannu. Amma sana'a ba ta rayuwa sai in yara sun koya. In kuna da masaƙi a garinku, ku je ku zauna kusa da shi.

Ɗan makaranta ma masaƙi ne. Kowace rana zare ɗaya ce. Wanda ya yi barci shekara duka, ba ya saƙa zane daren jarrabawa. Hausawa sun ce: sauri ya haifi nawa.

III. MA'ANAR KALMOMI

Wadari: jera dogayen zaruruwa a tsaye kafin a fara saƙa.
Ƙoshiya: ɗan icce mai kamar jirgin ruwa, wanda ke ratsa wadari da zare.
Kwarkwaro: ɗan kara da ake naɗa wa zare, a sa shi cikin ƙoshiya.
Allira: igiyoyin da ke ɗaga rabin wadari su saukar da rabi, in masaƙi ya taka.
Kunkuru: icce mai dutse bisa, wanda ke jan wadari ya miƙe.
Sawu: dogon ƙyalle siriri da ke fitowa daga masaƙa. Jam'i: sawaye.
Ƙuduji: mugun haki mai jan fure, wanda ke tsotse saiwar hatsi.
Maimai: noma na biyu.

IV. TAMBAYOYI

1. Masaƙan labarin su nawa ne? Wace alama suke bari in sun tashi?
2. Ku faɗi dokokinsu biyu.
3. Daga ina aka rage lokacin da aka ƙara wa attajiri?
4. Me ya sa maigari ya nemi farin zane? Kuna ganin laifinsa? Ku ba da dalili.
5. Su wa suka tsinci kwanakin da mutanen ƙauye suka yar?
6. Yaya yarinya ta gane zaren damanar yunwa?
7. Ku jera ayyukan da ake yi wa auduga, daga gona har zuwa maɗinki.
8. Wane alheri injuna suka kawo? Su wa suka sha wahala saboda su?

V. NAHAWU

Ku dubi waɗannan: saƙa, masaƙi, masaƙiya, masaƙa. Da ɗafin "ma-" muke samun sunan mai yin aiki. Ku yi haka da waɗannan kalmomi: rini, ƙira, jima, ɗinki, gini, noma.

Kalmar "masaƙa" ma'ana biyu gare ta: mutane masu saƙa, da kuma wurin saƙa ko kayanta. Rubutu ɗaya ne, amma karin murya ya bambanta. Ku faɗi waɗannan jimloli da ƙarfi, ku saurari bambancin:
Masaƙa sun iso gari.
Tsoho ya zauna a masaƙa.

VI. LISSAFI

1. Faɗin sawu ɗaya santimita 10 ne. Sawaye nawa za a haɗa a samu zane mai faɗin santimita 120?
2. Tsawon kowane sawu mita 2 ne. Mita nawa ke nan gaba ɗaya?
3. Masaƙi yana saƙa mita 6 a yini. Kwana nawa zai yi kafin ya gama?
4. Shekara nawa ne tsakanin 1733 da 1833?

VII. HAUSA DA FARANSANCI

masaƙi: le tisserand
auduga: le coton
zare: le fil
mazari: le fuseau
ƙoshiya: la navette
zane: le pagne
lokaci: le temps

VIII. AIKI A GIDA

Ku tambayi kakanninku ko akwai saƙaƙƙen zane ko gwado a gidanku. Wa ya kaɗa zaren? Wa ya saƙa? Don wane buki aka yi shi? Ku rubuta amsar cikin jimla 5. In an yardar muku, ku zo da zanen makaranta ranar Litinin, mu ƙirga sawayensa tare.